Tambayoyi da amsoshi kan fambel: inda yake, yadda ake duba shi da yadda ake canja shi

Wannan shafi na masu mota ne da ke son fahimtar bel ɗin da ke juya altaneta, wanda kanikawa ke kira fambel. Motoci sun bambanta, don haka duk inda littafin motarka ya faɗi wani abu daban da abin da ke nan, littafin za ka bi.

Mene ne aikin fambel a jikin mota?

Can ƙasan inji akwai wani babban puli, wato faifan ƙarfe da bel ke hawa, da ke manne da bakin kiranshaf, sandar da fistin ke juyawa a cikin inji, yana juyawa muddin inji na aiki. Fambel ne ke ɗauko wannan juyi ya kai wa altaneta, ita kuma ta haɗa wutar da ke cika batir, ta ciyar da fitilu da fankar lagireto da rediyo da kwamfutar inji. Mutane da yawa sun ɗauka batir ne ke riƙe da mota a kan hanya. Ba haka ba ne. Batir tayar da inji yake yi, da inji ya tashi kuwa ɗawainiyar ta koma wuyan altaneta. Pulinta ƙarami ne, shi ya sa take juyawa ninki biyu zuwa uku na gudun injin, kuma a kansa ne bel ya fi shan wuya, domin ga lanƙwasa mai tsanani ga jan nauyi.

A yawancin motocin yanzu ba altaneta kaɗai bel ɗin ke ja ba. Shi ke juya kwamfaresan AC, da famfon pawa sitiyari a motocin da sitiyarinsu ke aiki da mai, a wasu injinan har da famfon ruwa.

Iri nawa ne?

Manyan iri biyu ne. Akwai tsohon yayi, siriri mai kauri, wanda in ka yanka shi za ka ga siffar harafin V. Yana nutsewa cikin kwarin puli ne ya kama da gefunansa biyu. John Gates ne ya ƙirƙiro shi a Amurka a 1917, kuma ya yi shekaru da dama yana cin zamaninsa. Motar da ke da irinsa takan zo da bel biyu ko uku, kowanne da abin da yake ja.

Na biyu shi ne mai faɗi, bayansa sumul, cikinsa kuma layi-layi, huɗu ko biyar ko shida ko bakwai. Guda ɗaya dogo yakan kewaye komai, yana shiga nan yana fita can. Ford Mustang ta 1979 ce ta fara fitowa da wannan tsari, yanzu kuwa kusan duk motar da ka buɗe shi za ka gani.

A cikin masu layin akwai wani nau'i mai talewa, wanda ba shi da abin ɗaurewa ko kaɗan. Da wani ɗan ƙarfe na musamman ake hawar da shi kan puli ana juya injin da hannu, in za a cire kuma yanke shi ake yi. Ba a mayar da shi sau biyu.

A ina zan same shi?

Kashe mota, zare makulli, ka bari inji ya huce, sannan ka ɗaga bonet. Altaneta za ka fara nema, don ta fi sauƙin ganewa: zagayayyiya ce, jikinta na alminiyam, da ƙananan tagogi da ake hango jar wayar tagulla ta ciki, da wata kakkaurar waya ɗaure da noti a bayanta. A gabanta akwai puli, abin da ke kan pulin nan shi ne bel ɗin da kake nema.

Idan injin motarka a miƙe yake daga gaba zuwa baya, kamar na yawancin motocin da ke ja da tayoyin baya, bel yana gaba, dab da bayan lagireto, kuma yawanci a fili yake. Idan kuwa injin a gicciye yake, kamar na galibin ƙananan motoci masu ja da tayoyin gaba, to bel yana gefe ɗaya, matse tsakanin inji da jikin mota. Galibi ɓangaren dama ne in kana zaune a ciki kana kallon gaba, wasu tsofaffin Honda kuwa a hagu. A irin waɗannan motoci rabinsa kawai za ka gani ta sama. Sauran sai ka karya sitiyari zuwa ƙarshe, ko ma ka cire tayar, ka kwance robar da ke kare injin daga ruwa da taɓo, sannan babban pulin ƙasa ya bayyana.

Shi ne taimin bel?

A'a. Taimin bel yana ɓoye cikin murfi, yana da haƙora a gicciye, kuma aikinsa daidaita buɗewa da rufewar bawul da motsin fistin. Fambel a waje yake, kana ganinsa da idonka. Tsinkewar fambel takan tsayar da tafiya, tsinkewar taimin bel kuwa a injuna da yawa takan lanƙwasa bawul ta kashe injin. Wasu motocin ma sarƙa ce a madadin taimin bel, amma fambel ɗinsu na nan.

Waɗanne alamu ne ke nuna ya fara gajiya?

Wadda kowa ya sani ita ce ƙara, wannan siririn kukan da ke tashi da safe in an tayar da mota, ko in an kunna AC, ko in an murɗa sitiyari har ƙarshe. Dalilin da ya sa ya fi yi da safe shi ne, tayar da inji ya zuƙe batir, altaneta na ƙoƙarin mayar masa da abin da ya fita, sai ta yi nauyin juyawa, bel ɗin da ba shi da kamu sosai kuma ya riƙa zamewa.

Sauran alamun: fitilar batir ta riƙa ƙiftawa a dashbod, fitilun gaba su dusashe in mota na tsaye su ƙara haske in an taka totur, sitiyari ya yi nauyi na ɗan lokaci musamman bayan an ratsa ruwa, warin ƙonanniyar roba, ko baƙin gari ya taru a jikin altaneta da kewayen pulinta. Baƙin garin nan jikin bel ne ke zuba.

Duk ƙarar da na ji daga wajen, bel ne ya lalace?

Ba dole ba, kuma a nan ne ake yawan asarar kuɗi. Ƙarar iri biyu ce. Akwai doguwa mai ja, wadda kan nuna bel ya yi sako-sako ko ya yi santsi. Akwai kuma gajera mai maimaituwa, cit-cit-cit, tana bin gudun inji, wadda galibi ke nuna ɗaya daga cikin pulin ya kauce daga layin 'yan uwansa.

Akwai gwajin da kanikawa ke yi da ruwa. Inji na aiki a tsaye, sai a tsaya daga nesa a fesa ruwa kaɗan a cikin bel ɗin, wajen layukan. In ƙarar ta ƙaru, matsalar rashin ɗauri ce. In ta ɗauke na ɗan lokaci sannan ta dawo da ruwan ya bushe, a duba daidaiton puli. In kuwa ruwan bai canja komai ba, kuma ƙarar ta fi kama da gurnani ko niƙa, to boris ne, na tenshina, wato pulin da ke danne bel don ya ɗauru, ko na pulin da ke tallafe bel ko na altaneta kanta. Wanda zai yi wannan gwaji ya naɗe hannun riga, ya cire duk abin da ke lilo a wuyansa ko hannunsa. Bel mai juyawa ba ya jiran kowa.

Yaya zan duba shi da kyau?

Inji a kashe, makulli a aljihunka, domin a motoci da yawa fankar lagireto kan tashi da kanta ko an kashe inji in yana da zafi. Ɗauki tocila.

Fara da bayan bel ɗin. In yana sheƙi kamar an goge shi, ya sha zamewa har zafi ya ƙona fuskarsa. Sai ka murɗo shi kaɗan da yatsa a inda ya fi tsawo tsakanin puli biyu, ka haska cikinsa. Kana neman tsagewa, da wuraren da roba ta ɓantare ta bar gurbi, da ƙananan duwatsu da suka maƙale tsakanin layuka. Ɗan dutse guda yana iya huda bel ya fito ta baya. Wuri mafi kyau na ganin tsaga shi ne inda bel ya kwanta da bayansa a kan puli mai sumul, domin a nan layukan ke buɗewa waje, duk wata tsaga ta washe baki.

Daga nan gefuna. In gefe ɗaya ya yi buzu-buzu, zare na fita, bel ɗin yana gugar wani abu ko kuma bai hau puli daidai ba. In bel mai layi shida ya koma biyar, layi ɗaya ya yage ya tafi, kar ka sake tafiya mai nisa da shi.

Sannan ka shafa shi. Jiƙewa da baƙin mai ko man sitiyari ko ruwan lagireto ta fi tsaga haɗari, don mai yana kumbura roba ya tausasa ta. In ka ga haka, bi sawun man zuwa inda yake ɗigowa. Sau da yawa murfin saman inji ne ke yoyo, ko sil ɗin bakin kiranshaf.

A bel mai siffar V akwai ƙarin abu ɗaya: dubi yadda ya zauna a kwarin puli. Ya kamata samansa ya yi daidai da bakin pulin ko ya ɗan ɗago. In ya nutse can ciki har yana taɓa gindin kwarin, gefunansa sun cinye, kuma komai ɗaurin da ka yi masa ba zai daina zamewa ba. In gindin kwarin yana sheƙi, shaida ke nan.

Ka tuna ɓangare ɗaya kawai ka gani. Yi masa alama da alli, ka juya injin kaɗan, ka duba sauran.

Bel ɗina ba tsaga ko ɗaya. Ke nan lafiyarsa ƙalau?

Da can haka ne, yanzu ba haka ba. Tsofaffin bel da robar neoprene ake yin su, ita kuwa in ta tsufa tsattsagewa take yi. Ƙa'idar da aka saba da ita a lokacin ita ce, in ka ƙirga tsaga uku ko fiye a layi ɗaya cikin tsawon inci uku, wato santimita 7.5, lokacin canji ya yi. Daga wajen shekarar 2000 kamfanoni suka koma wata roba da ake kira EPDM, wadda ke jure zafi, ba ta kuma cika tsagewa ba. Ita cinyewa take yi a hankali, kamar yadda taya ke suɗewa. Layukan su sirance, kwarin da ke tsakaninsu ya faɗaɗa ya yi zurfi, har ƙarfen puli ya riƙa taɓo gindinsa maimakon ya kama gefuna. Ido zai ce maka bel sabo ne, alhali kamunsa ya tafi.

Kamfanonin bel suna yin wani ɗan ma'auni na roba mai haƙora da ake dannawa cikin layukan. In ya zauna daram, bel na da sauran rai. In yana motsi gefe da gefe ko ya nutse gaba ɗaya, ya ƙare. Wanda ba shi da ma'aunin ya kwatanta da sabon bel: kwarin sabo tsukakke ne mai siffar V, na tsoho kuwa ya buɗe ya koma kamar U.

Wane irin ɗauri ya kamata ya samu?

A motar da ake ɗaure bel da hannu, danna shi da babban yatsa a tsakiyar inda ya fi tsawo, da ƙarfin da ya kai kamar kilo 10. A yawancin motoci ya kamata ya lotsa kamar santimita ɗaya. Ainihin adadin yana cikin littafin motar, kuma na sabon bel ya bambanta da na wanda ya yi aiki.

Kuskuren da aka fi yi shi ne ɗaurewa tamau don a kashe ƙara. Ƙarar za ta mutu, amma nauyin ya koma kan boris ɗin altaneta da na famfon ruwa, bayan 'yan watanni sai a ji suna gurnani. An tsere wa canjin abu mai araha an faɗa wa mai tsada.

A motar da ke da tenshina mai sifirin, ba ruwanka da ɗauri, ita ke yi. Abin dubawa shi ne ita kanta. Da yawansu suna da 'yar alama a jiki da ke nuna iyakar tafiyar hannunta, in alamar ta wuce iyaka bel ya tale ko ba girmansa ba ne. Inji na aiki kuma, hannun ya riƙa ɗan motsi kaɗan a natse. In yana tsalle yana karkarwa, ta gaji.

Bayan tafiyar kilomita nawa ake canja shi?

Na neoprene kan yi tsakanin kilomita 80,000 zuwa 100,000. Na EPDM yana iya kaiwa 150,000. Zafi da ƙura da yoyon mai da yawan tsayuwa cikin cunkoso da AC a kunne duk suna rage wannan, domin inji na juyawa ko mota ba ta motsi. Abin da ya fi shi ne a leƙa shi duk sanda aka zo juyen baƙin mai.

Yaya zan san wanda zan saya?

Lambar tana rubuce a bayan tsohon, in ba ta goge ba. A ce ka ga 6PK1200. Shidan farko yawan layuka ne, PK nau'in layin ne da motoci ke amfani da shi, 1200 kuma tsawonsa ne a milimita. A mai siffar V za ka ga abu kamar 10x950, wato faɗin samansa milimita 10, tsawonsa 950. In lambar ta goge, a nema da lambar shasi ko samfurin injin, ba da sunan motar kawai ba, domin mota ɗaya kan zo da inji iri-iri, kuma mai AC da marar AC tsawon bel ɗinsu ba ɗaya ba ne.

Kafin ka ɗaura, haɗa sabo da tsoho ka ja su tare. Tsohon zai ɗan fi tsawo kaɗan saboda aiki, wannan ba komai. Bambanci mai yawa kuwa, ko yawan layuka ya saɓa, mayar da shi. Kar ka yarda da "ai zai shiga". Bel mai layi biyar zai hau pulin layi shida, amma ba zai ɗauki nauyin da aka yi wa shida lissafi ba.

Zan iya canjawa da kaina?

A motoci da yawa, ƙwarai. Sifana da soket, da doguwar sanda ta ƙarfe don samun ƙarfin murɗawa, da tocila sun isa. Inda za ka cire taya, sai jak da abin tokare mota, kuma kar ka taɓa shiga ƙarƙashin motar da jak kaɗai ke riƙe da ita. Akwai dai motocin da bel ke kewaye da mawuntin inji, wato abin da ke ɗaure inji da jikin mota, sai an tallafe injin an kwance shi kafin bel ya fita. Irin wannan, da mai talewar nan da ke buƙatar ƙarfensa na musamman, gara a bar wa bakanike in ba ka saba ba.

To yaya ake canjin?

Kafin ka taɓa noti ko ɗaya, ɗauki hoton yadda bel ya bi, ta sama da ta gefe, ka kuma zana a takarda. Wasu motocin suna da zanen a manne ƙarƙashin bonet, amma takardar kan ɓare ko ta dushe. Yanzu da bel ke kai, hanyar a bayyane take, ka ga kamar ba za ka manta ba. Da ya fita ya bar ka da puli shida ko bakwai tsirara, kowace hanya sai ta yi kama da daidai. Kuskure a nan yana iya sa famfon ruwa ya juya da baya.

Cire kan batir na negatib. Kakkaurar wayar bayan altaneta kullum da wuta take ko mota a kashe, sifana ya haɗa ta da jikin inji sai tartsatsi.

In motarka mai tenshina ce, nemi inda ake kama ta. Wata tana da kan noti a tsakiyar pulinta ko a hannunta, wata kuma rami ne mai kusurwa huɗu da bakin sandar soket ke shiga kai tsaye. Murɗa a hankali zuwa ɓangaren da bel ke saki. Sifirin ɗin yana da ƙarfi sosai, don haka riƙe da kyau, kuma kar yatsanka ya shiga tsakanin bel da puli. Zame bel daga pulin da ya fi kusa da hannunka, sannan ka saki tenshinar sannu a hankali, kar ka bari ta koma da ƙarfi ta buga. Wasu suna da ɗan rami da ake zura ƙusa a kulle ta a buɗe, wanda ke sauƙaƙa aikin ƙwarai.

In ta ɗaurin hannu ce, altaneta na rataye ne a kan dogon noti ɗaya a ƙasa, da wani a sama da ke tafiya cikin tsagar ƙarfe. Sassauta duka biyun, ba cirewa ba. In akwai dogon notin gyara a gefe, warware shi. Tura altaneta ta matso jikin inji, bel zai saki. In akwai wani bel a gabansa, shi zai fara fita, kuma tunda ya riga ya fita gara a canja su tare.

Wajen sa sabo, fara da pulin ƙasa, domin shi ya fi wuyar kaiwa, ka bi zanenka. Ƙa'ida ɗaya za ta taimake ka: ɓangaren layi yana hawa puli mai layi, bayan bel mai sumul yana hawa puli mai sumul. Bar puli ɗaya na sama mai sauƙin kaiwa ya zama na ƙarshe, in da hali mai sumul marar baki. Ja tenshina, zura bel, saki a hankali. Kar ka ɗana shi da sukudireba, za ka yanke zaren da ke cikinsa ba tare da ka gani ba.

A mai ɗaurin hannu, ja altaneta waje da notin gyara. In babu, tokare ta da sandar katako a wajen kakkauran jikinta na gaba, ba a murfin baya ba. Da ɗauri ya yi daidai ka ƙulle na sama, sannan na ƙasa.

Yanzu sai abin da ake yawan tsallakewa. Bi kowane puli da tocila da yatsa, har na ƙasa, ka tabbatar kowane layi ya faɗa kwarinsa. Bel ɗin da ya haura da layi ɗaya a pulin ƙasa ba ya nunawa daga sama, amma cikin ɗan lokaci zai yayyage. Mayar da kan batir, tayar da inji, tsaya gefe ka kalle shi na minti ɗaya ko biyu, ka kunna AC da fitilu ka saurara. Mai ɗaurin hannu kuma a sake duba shi bayan inji ya yi aiki na wasu mintuna, da kuma bayan 'yan kwanaki, domin sabon bel yana zama ya ɗan saki.

Me ya kamata in duba yayin da bel yake a cire?

Wannan ce dama ɗaya da kake da ita ta jin lafiyar kowane puli shi kaɗai, kuma a ganina ta fi canjin kansa muhimmanci. Bel ba kasafai yake mutuwa haka kawai kafin lokacinsa ba. Akwai abin da ya kashe shi, kuma abin nan yana nan yana jiran sabon.

Juya kowane puli da hannu. Mai lafiya yana tafiya sumul ba sauti. In ka ji ƙaiƙayi kamar da yashi a ciki, boris ya tafi. Ƙaramin pulin tallafi da ka wulwula ya yi ta gudu ba tsayawa yana shuu, giris ɗinsa ya bushe, ba alamar lafiya ba ce. Kama kowanne ka girgiza, bai kamata ya yi lilo ba. A pulin famfon ruwa, duba ƙarƙashinsa ko akwai busasshen sawun ruwa. Motsa hannun tenshina daga farko zuwa ƙarshe, ka ji ko yana cijewa a wani wuri. Yawancin masu ƙera bel suna ba da shawarar a canja tenshina tare da bel in motar ta yi nisan tafiya, domin tare suka tsufa.

Babban pulin ƙasa a injuna da yawa ƙarfe biyu ne da roba a tsakani. In robar ta tsattsage ko ta fara fitowa, zoben waje yana iya zamewa, ya yi ƙara iri ɗaya da ta bel. Altaneta ta motocin zamani kuma, musamman masu dizal, takan zo da puli mai kama ɓangare ɗaya ya saki ɗaya. In ya cije ta ko'ina, bel zai riƙa kaɗawa, tenshina ta yi ta tsalle. A ƙarshe goge kwarin kowane puli da burushi, ka fitar da tsohuwar roba da ƙasa da suka daskare a ciki.

Na sa sabo amma ƙarar ta dawo. Me ya faru?

Koma kan amsar da ta gabata, dalilin na can: tenshina mai rauni, puli da ya kauce, ko mai da ke ɗiga. Don gane kaucewa, ɗora miƙaƙƙen ƙarfe a fuskar puli biyu ka ga ko ya kwanta daidai a kan duka. Altaneta da aka taɓa cirewa aka mayar ba tare da wani wosha ko noti ba takan karkace kaɗan, kaɗan ɗin nan kuwa ya isa. Batir da ya mutu ma yana sa altaneta aiki ba hutu, bel ya yi ta kuka.

Sabulu ko mai ko maganin fesawa fa?

Suna rufe bakin ƙarar na ɗan lokaci, ba sa gyara komai. Mai da giris lalata roba suke yi. Maganin fesawar da ake sayarwa don bel an yi shi ne saboda tsofaffin bel, a kan EPDM kuwa danƙo yake yi ya tara ƙura a kwarin puli.

In ya tsinke ina cikin tafiya, zan iya ci gaba?

Za ka sani nan take: fitilar batir ta kama, AC ya daina sanyi, sitiyari mai aiki da mai ya yi nauyi. Motar tana juyuwa, sai dai da ƙarfi. A wasu tsofaffin motocin dizal, famfon da ke taimaka wa birki yana manne a bayan altaneta, don haka birki ma zai yi tauri bayan taku ɗaya ko biyu. Rage gudu, ka sauka gefen hanya.

Ci gaba ya danganta da famfon ruwa. In fambel ke juya shi, kar ka ƙara ko kilomita ɗaya, inji zai yi zafi cikin 'yan mintuna, ya ƙona gasket ko ya lanƙwasa kan silinda. Haka tsohuwar Volkswagen Beetle, wadda ba ta da ruwa sam, domin bel ɗinta ne ke juya fankar da ke hura wa inji iska. In kuwa taimin bel ke juya famfon, ko na lantarki ne, kana iya lallaɓawa zuwa wuri mafi kusa a kan abin da ya rage a batir. Kashe duk abin da ke cin wuta, idonka kan allurar zafi, kuma da ka kama hanya kar ka sake kashe injin sai ka isa, don wataƙila ba zai sake tashi ba. Da dare, ga fitilu ga waifa, batir ba zai daɗe ba.

Kafin ka motsa, kashe injin sau ɗaya a wurin da ka tsaya ka zare ragowar bel ɗin. Zarensa kan naɗe a bayan pulin ƙasa ya yaga sil, a wasu injinan har ya kutsa wajen taimin bel. Dabarar ɗaura igiya ko tsumma a madadinsa kuwa ta zamanin bel mai siffar V ce, ba ta aiki a puli mai layi. In kwamfaresan AC ne ya cije ya tsinka bel ɗin, wasu motocin suna karɓar gajeren bel na samfurin da ba shi da AC, wanda zai tsallake shi har a gyara.

Na canja bel amma fitilar batir ba ta mutu ba.

Sa mitar awon wuta a kan batir. Inji a kashe, batir mai cikakken caji yana nuna kusan volt 12.6. Inji na aiki, ya kamata ya hau tsakanin 13.5 da 14.7. In bai hau ba alhali bel na juya pulin altaneta daidai, duba fulogin bayanta da babban fiyus ɗinta da kan batir ko sun yi tsatsa, kafin ka yanke hukuncin ita ce ta lalace. Wasu sababbin motoci kwamfuta ke sarrafa cajinsu, tana ragewa tana ƙarawa, don haka a kunna fitilu yayin awon.

Kar ka gwada ta hanyar cire kan batir inji na aiki. Dabara ce ta zamanin da mota ba ta da kwamfuta, yanzu kuwa wutar da za ta yi tsalle tana iya ƙona altanetar ko kwamfutar injin.

Duk mota ce ke da shi?

A'a. Motar lantarki zalla ba ta da shi. Yawancin motoci masu haɗa fetur da lantarki ba su da altaneta, daga babban batirinsu ake cajin ƙaramin, kuma Toyota Prius da ta fito a 2009 ba ta da fambel ko ɗaya, domin famfon ruwanta da AC duk na lantarki ne. Akwai kuma masu tsarin volt 48, inda bel ɗin ke haɗe da na'ura guda da ke caji tana kuma tayar da inji. Bel ɗinsu da tenshinarsu na musamman ne, ba a musanya su da na gama-gari ko da tsawon ya zo ɗaya.